Guraben da Baba Ya Bar wa Inna

Idan ka shiga harkar fim a garin nan ka ce kana neman Auta, babu mai tambayarka wace Auta. Ta ba hamsin baya, furfura ta fara leƙowa ta gefen ɗankwalinta, jaruman da jama'a ke rububin ɗaukar hoto da su rusunawa suke su gaishe ta, amma sunan da aka laƙaba mata tun tana rarrafe shi ne dai ya bi ta. Furodusa ce. Ita ke nemo labari, ta nemo darakta, ta roƙi mai gida aron falonsa, ta lallashi jarumar da ta yi fushi ta kulle kanta a mota, ta tabbatar masu riƙe fitila sun sa wani abu a ciki. Sunanta yakan fito a farkon fim, lokacin da 'yan kallo ke ta neman wurin zama, shi ya sa da yawa sun girma da kallon aikinta ba su san da ita ba.

Fina-finan da ta fitar ita kanta ba ta riƙe yawansu ba. Wanda ya hana ta sakat shi ne guda ɗaya da ta gada ba a ƙarasa ba. Hotonsa ya cika, muryar namijin ta cika, saura muryar macen. Mace ɗaya ce kuwa a duniya za ta iya yin ta, wato mahaifiyarta, ita kuma ta ce ba za ta yi ba.

A gidan fim aka haifi Auta. Bene ne mai hawa ɗaya a bayan wata tsohuwar sinima, ƙasa iyali, sama wurin aiki. A ƙarshen matakala akwai wani ɗan ɗaki marar taga da ake ce wa ɗakin murya. An manne bangonsa da kwalayen ƙwai da tsofaffin barguna, mutum ɗaya yake ɗauka, da kujera ɗaya, da makirufo ɗaya. An huda bangon an sa gilashi, ta nan na ciki ke hango farin ƙyallen da hoto ke gudana a kai.

Mahaifinta, wanda gari ke kira Darakta, gida kuma Baba, tsohuwar kyamara ya saya mai ƙara kamar keken ɗinki. In tana aiki ba a jin maganar kowa, don haka ba ya ɗaukar sauti a wurin wasa.

"Ke, motsa baki kawai," yakan ce wa jaruma. "Faɗi duk abin da ya zo miki. Ki zage ni ma in kin ga dama, amma da fuskar mai neman gafara."

"To Darakta, me nake cewa a labarin?"

"Ina ruwanki? In kin zo sinima kya ji."

Sai an gama haɗa hoto ake zuba magana a ɗakin murya. Duk jarumin da ya taɓa fitowa a fim ɗin gidan, da muryar Baba yake magana, murya mai kauri da ke ɗan karcewa a ƙarshen kalma kamar ana jan kujera a kan siminti. Duk jaruma kuma da muryar Inna, siririya amma ba ta karyewa, da wata dariya ɓoye a ƙarƙashinta ko da kuka ake yi. Sauran jama'ar fim, tsoho da likita da ɗan sanda da haushin kare da kukan ƙofa, Kawu ne, ƙanen Inna, wanda shi ne ke riƙe da injin sauti.

Tun da ɗakin ba ya ɗaukar mutum biyu, sai suka yi wa kansu tsari. Baba ke fara shiga. Yana kallon hoto yana faɗin maganar namiji, in bakin mace ya fara motsi sai ya yi shiru har ta rufe baki. Wannan shirun shi ake kira gurbi a gidan. Bayan ya gama sai Inna ta hau, ta sa abin sauraro a kunne, ta ji shi, ta cike guraben. Ba a rubuta mata komai, bai kuma taɓa gaya mata abin da za ta ce ba.

"In na rubuta mata, karatu za ta yi mini," in ji shi. "In na ƙyale ta, amsa za ta ba ni."

Ba ta taɓa yin gajarta ba, ba ta taɓa hawa kan maganarsa ba. Shi kuma duk abin da ya tanada a gaba sai ka ji ya zauna daram da amsarta, kamar tare suka zauna suka shirya. Kawu yakan ce in da za a rufe wa yayarsa ido a sa ta a tsakiyar kasuwa, ta tsawon shirun mijinta za ta gane shi.

Auta tana ƙarama aka shiga da ita sinima karon farko. Ta ga wata kyakkyawar mata da ba ta sani ba tana magana da muryar Inna, har aka zo inda matar ta kwanta ciwo ta cika. Yarinya ta tsallake ƙafafun mutane, ta fita da gudu ba takalmi, ta faɗo gida ta tarar da Inna a bakin famfo.

"Inna, kin mutu a sinima!"

"Na mutu na dawo, wanki na jira na. Miƙo mini sabulun can."

Abin da 'yan kallo ba su sani ba, rabin faɗan da suke ji a fim daga ƙasan benen aka hau da shi. In suka saɓa, Baba ba ya iya ba da haƙuri ido da ido. Sai ya sa jarumi ya ba da haƙurin, ya bar gurbi.

"Abin da na gaya maka a ɗaki shi ne ka kai wa mutanen gari?" Inna takan ce in ta sauko.

"Ai kin amsa."

"Na amsa wa yaron can mai gashin baki, ba kai ba."

"To ki gaya masa ya gode."

A haka suke shiryawa, gari kuma ya biya kuɗin tikiti ya sha soyayya.

Auta tana da wa, babban ɗan gidan, wanda ma'aikata ke kira Ƙaramin Darakta. Shi ke riƙe kyamara, shi kowa ya san zai gaji benen. Wata rana an dawo daga ɗaukar wasa a wajen gari, aka duba aka ga an baro gwangwanin fim guda a can. Da safe Baba ya miƙa masa makullin motar kaya ya ce ya je ya ɗauko. Taya ta fashe masa a kan gada. Gwangwanin ya iso gida lafiya a hannun wani direba, shi kuma aka kawo gawarsa a rufe.

Baba da Inna ba su yi faɗa ba. Da ma faɗan suka yi. Inna takan ajiye masa abinci ta juya. Shi kuma sai ya dubi Auta ya ce, "Ce wa innarku an gode," alhali Innar tana tsaye a bakin ƙofa. Gidan da a da ba a raba shi da hayaniyar 'yan wasa ya koma ana jin ɗigar famfo daga sama. An daɗe a haka, sannan Baba ya kira 'yan wasa biyu kacal, wani dogo da ake ce wa Dogo da wata yarinya da ake ce wa Mai Wushirya, ya kulle su a ɗaki ɗaya ya ɗauki fim. Labarin miji da mata ne da ɗansu ya rasu. Ya haɗa hoto, ya shiga ɗakin murya ya yi nasa, ya sauko ya tsaya a bayan Inna tana tsintar shinkafa. Karon farko ke nan tun rasuwar ɗansu da ya yi mata magana kai tsaye.

"Na bar miki gurabenki."

"Na ji."

Ba ta hau ba. Ya sake tuna mata, ta ce ba yau ba. Kafin yau ɗin ta zo zazzaɓi ya kwantar da shi, bai tashi ba. Tun daga nan ƙafar Inna ba ta sake taka matakalar benen ba.

Auta ba ta yi niyyar zama furodusa ba, gidan ne ya faɗo mata a ka. Yayyenta mata suna gidajen mazajensu, Kawu kuwa in ka raba shi da injinsa ko cinikin albasa bai iya ba. A lokacin an fara yayin sababbin kyamarori masu ɗaukar hoto da sauti tare, jarumai suka fara magana da bakinsu, aka gano ashe wasu kyawawan ba su da murya ko ta kiran akuya. Fim ɗinta na farko a wani gidan haya ta ɗauke shi, ba ta lura da injin niƙa a maƙwabta ba. Duk sanda jarumi ya buɗe baki zai ce yana son jaruma, sai inji ya tashi. Ta je ta sami mai injin.

"Baba, don Allah ka ɗan kashe mana, soyayya muke ɗauka."

"Ni kuma barkono nake niƙawa, 'yata. Wanne aka fi ci?"

Ƙarshenta sai da ta ba shi fitowa a matsayin uban jaruma, ya rufe shago ya zo da babbar riga. A nan ta koyi aikinta: furodusa ita ce mai sa duniya ta yi shiru na ɗan lokaci don wasu su yi magana. Ta iya shi ƙwarai. Ta san wanda ake roƙo da wanda ake yi wa tsawa, ta san daraktan da sai an yabe shi yake aiki da wanda yabo ke lalatawa. Ta taɓa riƙe jarumi da hira a bakin asibiti, matarsa na naƙuda a ciki, har aka ɗauki fitowarsa ta ƙarshe a nan cikin farfajiya. Fina-finanta sun yi kasuwa, wasu sun faɗi, ta tashi ta kakkaɓe ta sake. Sinimar gaban gidansu ta koma shagon katifu, ɗakin murya ya koma wurin ajiye wayoyi da fitilu, amma ta hana a cire ko kwalin ƙwai ɗaya.

Tana da wata ɗabi'a da ma'aikatanta ke yi wa dariya. Ba ta kallon allo in ana ɗauka. Takan juya baya, ta rufe ido, ta sa abin sauraro. In jaruma ta amsa da wuri sai ka ji ta ce, "A sake. Ba ki saurare shi ba, jira kawai kike ya gama." Ta yi aure sau ɗaya, bai daɗe ba. Mijin, mutumin kirki mai shagon magani, ya ce da ita ranar da suka rabu, "Ke in ina magana ba ni kike ji ba. Awon shiruna kike yi." Ba ta musa ba.

Da kwamfuta ta shigo, ita da Kawu suka kwashe fim ɗin Baba suka zuba a ciki, hoto da murya. Sun yi sa'a, don ba a jima ba tsohon faifan sautin ya manne da kansa, ya daina juyawa. Ta taɓa sallamar wani edita don ya yanke tarin Baba guda, wai yana gyara. A fim ɗin nan ko numfashinsa ba a taɓawa.

In aiki ya lafa da rana takan hau sama ta kunna. Dogo ya buɗe baki, muryar Baba ta fito: "Kin ci abinci?" Sai Mai Wushirya ta motsa baki, babu komai. "To ko ruwa ne ki sha." Babu komai. Ba shiru ba ne irin na ɗakin da ba kowa. Kana jin mutum a ciki yana jira, kana jin iskar hancinsa, wani lokacin har ƙarar kujera in ya gyara zama.

Ta gwada 'yan wasa iri-iri. Wata ta gama da wuri ta bar rami, wata ta hau kan maganarsa. Ta nemo Mai Wushirya da kanta, wadda yanzu jikokinta ke kai ta unguwa. Matar ta zauna, ta kalli ƙuruciyarta ta gilashi, ta saurara kaɗan, ta cire abin kunnen ta ajiye a hankali.

"Auta, ba da ni yake magana ba."

Har ita Autar ta taɓa shiga, don mutane na cewa muryarta ta Inna ce sak. Ta amsa gurbi na farko, ta amsa na biyu, Kawu ya kashe inji.

"Fito. Wannan ba maganar da 'ya ke amsawa ba ce."

Inna kuwa tana ƙasa, rufin ɗakinta shi ne daɓen ɗakin aikin. In ta jiyo muryar sai ta ɗauki sandar goge ƙasa ta bubbuga silin. "Ku kashe mini mutumin nan, ina da aiki!" Amma wata rana da hantsi Auta ta manta ƙofa a buɗe. Aka zo inda Baba ke cewa, "Kina ji na kuwa?" Daga can ƙasa, cikin ƙarar kwanuka, murya ta taso ba tare da shiri ba: "Ina jin ka mana." Sai ƙarar kwanukan ta tsaya. Auta ta sauko ta tarar da ita tsaye, hannu duk kumfa, tana kallon matakala.

"Inna..."

"Kada ki ce komai. Tsufa ne."

"Sau ɗaya kawai, Inna. Ki hau ki amsa masa, a rufe fim ɗin nan, kowa ya huta."

"Mai rai ake amsa wa. Lokacin da yake da kunnen ji ban hau ba, sai yanzu in je in yi wa inji bayani?"

Shekaru suka yi ta tafiya a haka, Auta na roƙo, Inna na kaucewa da wasa ko da faɗa. Sai muryar Inna ta fara dishewa. Aka ce mura ce, aka sha zuma da citta, ba ta washe ba. Likita ya leƙa maƙogwaron ya ce akwai tsiro, sai an yi aiki, kuma ya faɗa musu gaskiya: za a iya ceton ranta, muryar ce ba ya da tabbas. A hanyar dawowa Auta ce ke tuƙi.

"Na san abin da kike tunani," in ji Inna. "Uwarki za a yanka, ke kuma kina lissafin fim."

"Ban ce ba."

"Ba sai kin ce ba. 'Yar ubanki ce ke."

Auta ba ta sake roƙo ba. Ta haƙura har cikin ranta, ta shiga haɗa kayan asibiti. Ana gobe za a kwantar da Inna, da safe, Auta ta fito da jaka a hannu ta gan ta tsaye a gindin matakala, ta dafa bango, ta sha ɗaurin ɗankwali irin na fita unguwa.

"Kawunki ya zo?"

"Yana sama."

"Ce masa ya kunna. Ki zo ki riƙe ni, gwiwoyin nan ba nawa ba ne yanzu."

Suka hau a hankali, tana hutawa tana mita, wai wa ya ƙara wa benen nan tsawo. Kawu ya kwashe wayoyin da ke ɗakin murya, ya goge kujerar da hularsa. Inna ta zauna, ta sa abin sauraro. Abu na farko da ke kan faifan gyaran muryar Baba ne.

"Ji shi," ta ce. "Har yanzu da kakin nan."

Hoto ya fara gudu. Dogo ya shigo ɗaki da kwano a hannu.

"Kin ci abinci?"

"Da wane bakin?" in ji Inna.

Muryar ta tsufa, ta dishe, tana fita kamar ana yage tsumma, ga ta kuma a bakin yarinya ɗanya shakaf. Amma ta faɗa gurbin daidai, bakin Mai Wushirya na rufewa tana rufe nata.

"To ko ruwa ne ki sha."

"Ajiye nan, ba gudu zai yi ba."

"Kin bar fitilar ɗakinsa a kunne."

"Ta ci maka wani abu ne?"

"Ban ce a kashe ba."

"To me ka ce, Darakta? Kullum ba ka ce ba."

Kawu ya sunkuyar da kai kan injinsa. Auta ta juya baya ta rufe ido yadda ta saba, sai ta ji gidansu na da ya dawo, har tana jiran ta ji takun wanta a matakala. Suka yi ta tafiya, shi ya faɗa, ita ta mayar, ba a sake ko ɗaya ba. Har aka iso wurin da Auta ta fi tsoro, inda Dogo ke durƙusawa a gaban gado. Baba ya ja iska ta hanci.

"Ni na aike shi. Kowa ya sani, kowa ya yi mini shiru. Ke kaɗai nake jira. Kin daɗe kina riƙe da shi a baki. Faɗi in ji."

Gurbin nan ya fi kowanne tsawo. Inna ta matso da bakinta kusa da makirufo.

"Ka aike shi, gaskiya ne. Amma na gan shi ta taga, malam. Yana wurga makullin sama yana cafewa, yana fito. Tun yaushe yaron nan ke roƙon ka ba shi motar shi kaɗai? Da murna ya fita, har ya ɗago mini hannu. Na ƙi gaya maka ne don ina so ka ƙone yadda nake ƙonewa. Ba kai ka kashe shi ba. Ka ji ko? Ba kai ba ne."

Bakin yarinyar ya rufe. Dogo ya ɗago kai, muryar Baba ta shigo a sanyaye:

"Haka ne. Ban musa ba. Ni na kashe shi. Na gode da kika faɗa."

"A'a!" Inna ta dafe gilashin. "Kai, ba haka na ce ba! Mayar da shi baya."

Kawu ya mayar. Ta sake faɗa, wannan karon da ƙarfi, har muryar na tsagewa. Baba ya saurara har ƙarshe, ya ce haka ne, bai musa ba, shi ya kashe shi.

"Mayar."

"Yaya," in ji Kawu, "faifai ne. Ba ya ji."

Ta zauna tana haki. Can ta ce, "Zagi ya tanadar wa wuri. Duk zamanmu bai taɓa kuskure amsata ba sai a nan."

"Hanya biyu ce," in ji Kawu. "Ko ki ba shi zagin da yake jira, maganarsa ta zauna daidai. Ko a cire tasa."

"Ba zan zage shi ba. Wanda na yi masa da shiru ya isa."

Su biyun suka juyo suka dubi Auta. Kawu ya ɗauke hannunsa daga kwamfutar ya matsa gefe.

"Ke ce furodusa."

Auta ta zauna. Ga muryar Baba a allo, zane-zane kamar 'yan tsaunuka, ga wurin da ya ja iska, ga inda kalmar ƙarshe ta karce. Rabin rayuwarta ta yi tana gadin waɗannan tsaunukan. Ta ja linzamin kwamfuta ta shata maganar tun daga "haka ne" har zuwa "faɗa", ta cire.

"Ba ɓoyewa na ce ki yi ba," in ji Inna daga cikin ɗakin. "Na san ku da ajiye-ajiye. Kada ya ƙara faɗin wannan a ko'ina."

Auta ta bi duk inda ta adana kwafi, ɗaya bayan ɗaya, ta goge. Sannan Kawu ya sake kunnawa. "Ba kai ba ne," in ji tsohuwar murya. Dogo ya ɗago kai, bakinsa ya yi ta motsi, ba abin da ya fito.

"Yauwa," in ji Inna. "Yanzu ya ji. Mu ci gaba, kafin maƙogwaron nan ya tashi daga aiki."

Suka ƙarasa kafin la'asar. Kalmominta na ƙarshe da ƙyar injin ya kama su.

An yi aikin, Inna ta tashi, muryar ba ta dawo ba sai raɗa. Yanzu da tafi take kiran mutane, kuma ta ce hakan ya fi, ba ta ɓata bakinta a kan marasa ji. Ba ta taɓa neman ganin fim ɗin ba.

Fim ɗin ya fita ba tare da wata gayya ba. Masu rubutu a jarida sun yi ta gardama a kan dalilin sa muryar tsohuwa a bakin yarinya, kowa da fassararsa. A zauren kallo mutane kan fara da dariya, can sai dariyar ta mutu. In an zo inda bakin Dogo ke motsi ba magana, ba a rasa wanda zai ɗaga murya daga baya: "Sauti! Mai inji, sauti!" Sai na kusa da shi ya ce ya yi wa mutane shiru. Wata mata ta tare Auta a bakin ƙofa ta ce wurin nan ne ya fi taɓa ta, don ta tabbata godiya mijin yake yi har magana ta gagare shi.

Auta ta ce mata haka ne.

Ita dai ba ta zama a zauren in an kusa wurin. Da Dogo ya durƙusa a gaban gado sai ta tashi, ta bi ta ƙofar baya, ta je ta tsaya dab da janareta inda ƙara ta fi yawa. Mai kula da janaretan ya ɗauka aikinsa take dubawa.

"Hajiya, akwai mai, yanzu na duba!" yakan ce da ƙarfi.

"Na sani. Bar ni dai in ɗan tsaya."

Yakan matsa ya ba ta wuri. Injin na ruri, ƙasa na girgiza a ƙarƙashin takalminta, hayaƙi na shiga mata ido. Duk da haka, in lokacin ya yi, tana jin Baba sarai, ya ja iska ta hanci, ya ce haka ne, bai musa ba.